Shayin da Sakharam Ya Sha

Akwai wata mai shayi, Hirabai, a wani ƙauye na jihar Maharashtra a Indiya. Bakinta ba ya hutawa, sai a ranar da ya kamata ta buɗe shi.

Kowa ya san wasu manoman ƙauyen, Dattu da Sakharam, ba sa ga maciji kan iyakar gona. Da lokacin tattakin ziyarar ibada zuwa garin Pandharpur ya zo, Dattu ya yi abin da masu ziyara ke yi, ya je har gonar Sakharam neman yafiya kafin tafiya. Mutane sun ga shigarsu cikin rake tare. Daga nan Dattu ya bi ayari da ƙafa.

Bayan tafiyarsa Sakharam ya zo rumfar Hirabai yana dariya.

"Yaya, zuba min mai kauri. Yau ɗan banzan nan ya taɓa ƙafata yana neman yafiya, har na ji kunya."

Da yamma aka tsinci gawarsa a rijiya.

'Yan sanda suka jera hujja: tsohuwar gaba, ganinsu tare, ga Dattu ya bar gari. Babu wanda ya ga kisa. Hirabai kaɗai ta san Sakharam ya sha shayi bayan Dattu ya yi nisa.

Ɗanta ya ce, "Inna, rufa mana asiri. Kina magana za su ce ke kika gan shi ƙarshe."

Ta yi gum. Aka yanke wa Dattu ɗaurin rai da rai.

Matarsa ta sayar da gonar saboda lauyoyi, baƙin ciki ya kwantar da ita, ta mutu. Hirabai har da zuwa gaisuwa.

Sai da Dattu ya yi furfura babbar kotu ta ce zato aka bi, a sake shi. Ya dawo babu gida, babu kowa.

Da ziyara ta zagayo, sai ga shi a rumfarta. Ya durƙusa da ƙyar ya taɓa ƙafarta.

"Yaya, zan bi ayari. In na taɓa yi miki laifi, ki yafe min."

Hirabai ta buɗe baki, kuka ne ya fito. Dattu ya ɗauka tausayinsa take ji, har ya yi mata godiya ya tafi.

Darasi: Zato ba shaida ba ne, kuma wanda ya san gaskiya ya yi shiru, da hannunsa a zaluncin. Ku tura wa wasu, wataƙila akwai mai riƙe da maganar da za ta ceci wani.