A Marwa Ake Tsayawa

Akwai wani direban tirela a nan garinmu Tanga, ana ce masa Hemedi. Mutum ne mai saurin dariya, mai saurin hawa, kuma duk abin da yayarsa Shufa'a ta faɗa masa sai ya zauna masa daram a kai.

Shekararsa tara da auren Zuwena, 'yar unguwar Ngamiani, amma ba a taɓa jin kukan jariri a ɗakinsu ba. Ciki yana shiga, sai dai ba ya zama.

Da ta sake samun ciki, ya haura wata shida, Hemedi ya yi mata alkawari. Ya ce, "In Allah Ya raya mana wannan, ke za ki zaɓi suna. Duk abin da kika ce, shi ne."

Haihuwar ta zo da wuri, saura sati uku a lissafinsu. Hemedi yana Tunduma, bakin iyakar Zambiya, a cikin layin manyan motoci da ke jiran takardu. Da hantsi wayarsa ta yi ƙara, ya ji muryar Zuwena can ƙasa-ƙasa.

"Mace ce. Tana kuka, Hemedi. Saurara ka ji."

Nan gefen taya ya faɗi ya yi sujada. Ya tashi ya saya wa duk direbobin da ke rumfar mai shayi shayi da mandazi, irin fanken can. Don murna ko sunan bai tambaya ba.

Washegari saƙon murya ya shigo daga Shufa'a, wadda yake kira Dada.

"Ƙanena, barka dai. Amma nemi wuri ka zauna. Matarka ta sa an rubuta suna a katin asibiti. Marwa. E, kunnenka ya ji daidai, Marwa. To gaya mini, wa ake kira Marwa a gidanku?"

Hemedi ya sake kunna saƙon.

A gidan hayar da suke, ɗakin baya yana hannun wani Bakuriye daga Tarime, mai tuƙa bajaji, keken hayan nan mai ƙafa uku. Sunansa Marwa. A wajen ƙabilarsu ta Kuriyawa sunan ɗan fari ne namiji, kuma a Tanga in ka ƙwala kiran Marwa, ƙato kowa zai waiga ya nema.

Hemedi ya kira Shufa'a nan take. "Dada, ai sunan dutsen Makka ne. Safa da Marwa."

"Kada ka koya mini karatu, na riga ka shiga makarantar allo. Sunayen ƙasa mai tsarki ƙarewa suka yi? Ga Safa, ga Arafa, ga Mina, ga Madina sukutum. Duk ta tsallake su, sai sunan ɗan haya?"

Ta ci gaba.

"Shekara tara ciki bai taɓa zama ba, sai da mutumin nan ya kama ɗaki. Shi ya kai ta asibiti, ka sani? Daga ranar suna kowa zai kira ta Mama Marwa, kai kuma Baba Marwa, ga mai sunan yana wanke kekensa a ƙofar gida. Matan layinku har sun fara ƙus-ƙus. Ni dai na fita haƙƙinka."

Ni wannan kalma ta fita haƙƙi tana ba ni haushi. Mutum zai cinna maka wuta a riga, ya koma gefe ya ce ya fita haƙƙinka. Kuma ƙus-ƙus ɗin da take faɗa, daga bakinta ya taso.

Hemedi ya hau kan mota ya rufe ƙofa. Ya shiga ƙirga watanni da yatsu, ya rikice, ya sake. Ya tuna ranar da Marwa ya ɗauko wa Zuwena jarkar ruwa. Ya tuna ranar da ta yi dariyar yadda yake lanƙwasa harshe in yana magana. Abubuwan da a da ko kallo ba su ishe shi ba, yanzu duk sun zama shaida.

Kafin azahar ya rubuta saki a waya. Layi biyu ne kacal. Saura ya danna.

A haka Mzee Kibwana, wani tsohon direba da motarsa ke bayan tasa a layi, ya buga masa ƙofa.

"Angon ƙarni, sauko mu ci shinkafa. Kai, me ya sami fuskarka? Jaririyar ce?"

Hemedi ya miƙa masa wayar. Tsohon ya karanta, ya saurari saƙon Shufa'a har ƙarshe, ya yi tsaki.

"Ka tambayi yarinyar nan dalilin sunan?"

"Mzee, me zan tambaya? Abu a fili."

"A fili a ina? Kana Tunduma, tana Tanga. Idonka har can yake kaiwa? To ka fi na'urar 'yan kwastan." Ya mayar masa da wayar. "Ban ce ka goge ba. Bar shi a nan. In ka je ka dubi idonta ka ga abin da ake faɗa, yatsanka yana nan, ba inda za shi. Amma in ka tura yau, babu yatsan da zai dawo maka da shi. Rantse mini."

Da ƙyar ya rantse.

Sai ranar ta huɗu da haihuwa aka sake su. Tafiyar nan Hemedi bai taɓa yin irinta ba. Ya wuce Mbeya bai san ya wuce ba. A gangaren Kitonga, inda kowane direba yake tattara hankalinsa wuri ɗaya, shi nasa yana ɗakin baya na gidan haya. Sau biyu mai motar bayansa yana danna masa oda.

Zuwena ta yi ta kira. Yana ganin sunanta a fuskar wayar sai ya kau da kai. In ya ɗauka, me zai ce? In ya ji muryarta ya yarda, ko yaudararsa aka yi? In ya ji muryarta bai yarda ba, shi ke nan. Sai ya bar wayar ta yi ta ƙara har ta gaji.

Ta turo hoton jaririyar. Ya tsaya a Mikumi ya yi ta buɗa hoton, yana neman hancinsa, yana neman kunnen wani. Jaririyar kwana biyar kuwa da wa take kama? Ba ta kama da kowa sai kanta.

Ya ajiye mota a Dar es Salaam, ya hau bas. Ranar ta shida da la'asar ya sauka a Tanga, gobe suna.

Mutumin da ya fara gani a ƙofar gida shi ne Marwa, da tsumma a hannu yana goge bajajinsa. Yana hango Hemedi ya washe baki.

"Maigida! Barka, barka! An ce na yi takwara. Wallahi ban taɓa sanin mace tana ɗaukar sunan nan ba. Na gaya wa tsohuwata a waya, ta yi dariya har da tari."

Hemedi ya dunƙule hannu a aljihu. "An ce kai ka kai ta asibiti."

"Ni na tuƙa, matata Robi ta riƙe ta a baya. Ka ga tuƙi ranar? Robi tana zagina in yi sauri, matarka tana roƙona in bi a hankali. Na rasa ta wa zan bi."

Shufa'a ba ta ambaci Robi ba ko sau ɗaya. Hemedi ya lura da haka, amma bai ishe shi ba. Sunan yana nan.

Shufa'a tana tsakar gida tana tsince shinkafar gobe. Ta miƙe ta karkaɗe zane ta bi bayansa.

"A gabana za ka tambaye ta."

Zuwena tana zaune a bakin gado, ta rame, idanunta sun faɗa. Ta dubi mijinta, ta dubi yayarsa, ta gane komai. Ba ta yi masa sannu da zuwa ba. Shi ma bai dubi jaririyar ba.

Ya ce, "Me ya sa Marwa?"

 Ta juya wajen Shufa'a.

"Dada, ciki nawa na rasa a gidan nan?"

"Oho. Uku ne ko huɗu. Me ya kawo wannan?"

"Kai fa, Hemedi?"

"Biyar."

"Shida ne."

Ya ɗago kai.

"Shekarar da ka yi wata biyu a Kwango, akwai ɗaya. Bai kai wata uku ba. Ni kaɗai na wanke zanen. Ban gaya maka ba don kana kan hanya, na ji tsoron kada hankalinka ya rabu kana riƙe da sitiyari."

Ta dubi jaririyar, ta ci gaba.

"Muna yara, Bi Mwanate da ta karantar da mu ta ba mu labarin Nana Hajara. Ga jariri yana kukan ƙishi, ga ta tana gudu tsakanin duwatsu biyu tana neman ruwa. Ta je ta dawo, ta je ta dawo, har sau bakwai. Ta ce shi ya sa alhazai suke farawa daga Safa, na bakwai kuma a Marwa yake ƙarewa. A nan ake tsayawa. Ban taɓa zuwa Makka ba, amma na san gudun nan. Daga asibiti zuwa mai magani, daga mai magani zuwa asibiti. Sau shida ina isowa hannu biyu babu komai. Wannan ce ta bakwai."

Ta gyara wa yarinyar zane.

"Ta kuma ce mana a Larabci marwa farin dutse ne mai tauri, irin wanda ake ƙyasta wuta da shi. Na ce ko wannan kaɗai ya ishe ni. Ina son 'ya mai tauri, wadda ba za ta narke mini a ciki ba."

Shufa'a ta gyara murya, ba ta so ta faɗi ƙasa. "To ai da kin sa Safa. Duk ɗaya ne, kuma da ba a yi surutu ba."

"Safa wurin farawa ne, Dada. Ni na gaji da farawa."

Hemedi ya zauna a ƙasa dirshan. Kunya ta rufe shi, tsoro kuma ya biyo baya, tsoron abin da ya kusa aikatawa a kan kujerar mota a Tunduma.

Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Dada, gidajen da kika shiga da waccan maganar, ki koma ki shiga da wannan. Yau, kafin a ɗora tukunyar suna."

Ta dubi fuskarsa. Tun da aka haife shi bai taɓa yi mata magana haka ba. Ta ja mayafinta ta fita.

Suka rage su biyu da jaririyar.

Zuwena ta ce, "Kwana huɗu ina kiranka."

Da ya so, da ya ce hanya ce babu sabis. Amma ya ciro wayar, ya buɗe layi biyun nan, ya miƙa mata. Ta karanta. Ta sake karantawa. Hawaye bai zo mata ba.

"Ba ka tura ba."

"Ban tura ba. Wani tsoho ne ya hana ni, ba hankalina ba."

Ta miƙa masa wayar. "Goge da hannunka."

Ya goge tana kallo.

"Na yafe maka, Hemedi. Amma ka sani na karanta." Ta ɗauki yarinyar ta ɗora masa a cinya. "Karɓi 'yarka. Kwana shida tana jira ka dube ta."

Washegari da malam ya tambayi sunan, Hemedi ya faɗe shi da ƙarfi har na bakin titi suka ji. Shufa'a tana can wajen murhu tana juya shinkafa, ba ta ɗago kai ba. Zuwena kuwa ta tsaya a kan yafiyarta, ba ta sake tayar da maganar ba. Sai dai an fi shekara, duk sanda wayar mijinta ta yi ƙara a kusa da ita, sai ka ga ta ɗan zabura.

Darasi: Kafin ka yanke hukunci a kan abin da ka ji, je ka tambayi mai abin, ido da ido. Suna ɗaya yana iya zama abu biyu a gari ɗaya, kuma bayan sunan da uwa ta zaɓa akwai wahalar da ba kowa ya ƙirga ba. Haƙurin kwana huɗu ya ceci auren shekara tara, amma ko zargin da ba a furta ba yana barin tabo. Ku tura wa 'yan uwa da abokai, wataƙila akwai wanda yatsansa yake kan waya yanzu haka.