Ƙara Ta Biyar Ta Manomin Albasa

An ce wai a wani gari na bakin fadama an yi wani manomin albasa, Malam Isiyaku, wanda ya ci bashin banki ya sayi injin ban-ruwa, ya ba da takardar fadamarsa jingina. Mutum ne mai kunya, amma shekara huɗu a jere, da lokacin biya ya ƙarato, sai ya ɗauki lauya ya kai banki ƙara. Masinjojin kotu har sun daina tambayarsa sunansa.

A shekara ta biyar, da ya sake kai ƙara, banki ya gaji, ya nemi a kori ƙarar a sayar da fadamar. Isiyaku ya shiga kotu jiki a sanyaye, don in fadamar ta tafi, gidansa ba shi da abinci.

Alƙali Mamuda ya ga in ya kori ƙarar ya rushe gida, in ya karɓa ya zalunci masu ajiya a banki. Sai ya sa magatakarda ya ɗauko takardun ƙararrakin baya duka, ya ce kwanan wata kawai zai karanto. Kowace ƙara a watan Maris aka shigar da ita, kowace kuma a Oktoba aka janye ta, aka biya.

Alƙali ya dubi Isiyaku ya ce, "Nawa buhun albasa yau?"

"Allah ya gafarta Malam, kakarta ce, ko kuɗin mota ba ya fitarwa."

"A Oktoba fa?"

"Yakan ninka huɗu." Ya sunkuyar da kai. "Wallahi ban taɓa musun bashin nan ba. Lokaci nake saye a hannun lauya."

Alƙali ya juya ga manajan banki ya ce, "Kun ranta wa manomi kuɗi, kun sa masa ranar biya irin ta mai albashi. Fadama kuke so ko kuɗinku?"

Manaja ya ce, "Kuɗinmu, ranka ya daɗe. Mu ba mu iya noma ba."

"To, ku mai da ranar biya Oktoba. Albasar ta zauna a rumbu, mabuɗi a hannunku. Kai kuma, abin da kake kai wa lauya ka ɗora a kan biyanka. In ka sake kawo ƙara, ni zan sa hannu a sayar da fadamar."

Duka suka amince. Isiyaku ya durƙusa ya yi godiya. Cikin shekara biyu ya gama biya, ya karɓo takardarsa, kuma har ya bar duniya duk sallar da ya idar sai ya sa alƙalin nan a addu'a.

Mai yawan kai ƙara ba kullum rigima yake so ba. Alƙali nagari yakan nemi abin da ya koro mutum zuwa kotu kafin ya duba abin da aka rubuta masa.