Kabad ɗin Ƙarƙashin Bene

Ya 'yan uwa, bari in fara tona wa kaina asiri. Lemar maƙwabcina tana bayan ƙofata, damina uku ke nan. Duk sanda muka haɗu sai in ɗauko masa hirar tsadar albasa. Mai wannan hali ne zai yi muku wa'azi a kan riƙe kayan mutane, sai ku yi haƙuri.

An yi wani mutum a nan Haidarabad ta Indiya, yana da kwalejin koyon aikin jinya. Ba ya rasa sahun gaba a masallaci, kuma duk azumi unguwa tana cin biryaninsa, dafa-dukar shinkafa da nama. Sai dai duk ɗalibar da ta shigo, yakan karɓe takardunta na asali, na aji goma da na sha biyu, ya ce za a duba. Daga nan sai kabad ɗin ƙarfe da ke ɗakin ƙarƙashin bene. Ba ta sake ganinsu sai ta gama karatu ta yi wa asibitinsa bautar shekara biyu. Shi bai taɓa kiran wannan garkuwa ba. Ajiya yake cewa.

Wata ɗaliba, Tabassum, ta ci jarrabawar aikin asibitin gwamnati. Aka ce ta kawo takardun asali ranar ashirin ga wata, ko a ba na bayanta gurbin. Ubanta Gaus, direban adaidaita sahu, ya cire takalmi ya shiga ofis.

"Ranka ya daɗe, yini ɗaya kawai. Suna gani, ni da kaina zan dawo da su."

"Malam Gaus, a gidanka ina za ka ajiye su? Ƙarƙashin tukunya? A nan ko ƙuda ba ya taɓa su."

"Ai kamar 'yarka ce."

"Shi ya sa nake son ta kusa da ni."

Allah da ikonsa, Gaus ya ɗauki wata lauya a kekensa, ya yi mata kukansa. Ta ce masa makaranta tana da ikon duba takarda ta mayar nan take, ba ta da ikon riƙewa. Suka je kotu. Alƙali ya ba mutumin kwana bakwai ya mayar wa kowa nasa.

Mutumin bai damu ba. A ransa, abin da yake ajiye ai miƙawa ne kawai. Ya sa aka kawo makulli, ya sauka da jami'in kotu, da Gaus, da 'yarsa.

Aka buɗe. Ruwan damina ya daɗe yana tsatsafowa ta bango, gara ta shigo ta bayan kabad ɗin da ya yi tsatsa. Takardun 'yan mata ɗari huɗu sun koma ƙasa. Tabassum ta tona ta tona, ta ciro rabin hotonta.

Mai kwalejin ya so ta zage shi. Ba ta ko dube shi ba. Gaus ne ya ce a hankali, "Gaskiyarka, ranka ya daɗe. Ƙuda bai taɓa su ba."

Neman kwafi wata da watanni ne. Ashirin ga wata ta wuce, aka ba na bayanta. Hukuma ta ƙwace lasisin kwalejin. Yau mutumin nan sai ya ƙetare kogin Musi yake sallar Juma'a, inda ba mai saninsa, kuma a sahun baya.

Ya 'yan uwa, wa ya ba ka ikon kulle shekara goma sha biyu ta karatun ɗan wani? Wace biryani ce za ta biya wannan? Abin da ka riƙe ba naka ba, yana ruɓewa ne a hannunka, kuma kai za a tambaya. Ɗalibai, takardunku haƙƙinku ne, ku nema ba da rawar murya ba. Masu makulli, ku buɗe tun kafin a buɗe ku.

Allah ya kiyaye mu da cin amana, ya rufa mana asiri duniya da lahira.

Ni ne akawun da ya riƙe makullin nan shekara tara. Tun damina ta biyu na ji warin.