Tuwon Gayyar Barakatu

Akwai wata mata a wani ƙauye kusa da Kafur, sunanta Barakatu. A damina ɗaya ta rasa tuwon mutum ashirin, da kaji bakwai, da taƙamar da ta daɗe tana yi cewa ita ba ta mantuwa. Abin da ta samu kuwa barci ne, da hannun da bai ɗauki ran kowa ba.

Wajen 1978 ne, lokacin da malaman gona ke zuwa daga Funtua a kan babur, suna kawo taki da maganin da ake cuɗa iri da shi kafin shuka. Mijinta ya rasu ya bar mata gonaki uku da 'yarsu Hajo. Da ta fita takaba, ƙanin mijin, Shitu, ya ce ta bar masa babbar gonar ya riƙa nomawa, a raba amfani.

Ta ce, "Dami nawa kake so?"

"A cikin goma, uku."

"Ɗaya."

Ya yi dariya. "Matar yaya, ko jaki ai ana ba shi fiye da haka."

"To je ka nemi aikin jaki."

Daga ranar ta ɗora komai a kanta. Iri, taki, 'yan ƙodago, auduga, duk ita. Ba ta faɗa wa kowa inda ta ajiye abu, don kada a ce gidan ya fi ƙarfinta. Shekara biyu tana cikin fargaba, ba ta barcin kirki, abinci ma a tsaye take ci.

Sai abubuwa suka fara ɓace mata. Ta sa gishiri sau biyu a miya. Ta je kasuwar Malumfashi ta tsaya a tsakiyar mutane, ta rasa abin da ya kawo ta. Ta sayar da akuya, washegari ta tashi tana nemanta. Amma fa ka tambaye ta zanen da ta ɗaura ranar aurenta, har launin bakinsa za ta gaya maka. Na jiya da na yau ne ba sa zama.

Hajo ta ce, "Inna, ki bar ni in riƙa riƙe miki wasu abubuwan."

"Ni na haife ki, ko ke kika haife ni?"

Da noman farko ya zo, ta kira gayya. Ita da kanta ta juye jar dawa daga wata tukunya a ɗakinta, ta ba Hajo ta surfa, ta kai inji. Ranar gayyar, maza suna gona tun safe, mata sun tuƙa tuwo sun kwashe, har an ɗauka an yi gaba da shi.

Barakatu ta kwance lalitarta za ta ɗauki goro, sai ta ga takardar maganin iri, mai hoton ƙoƙon kan mutum. Ba komai a ciki.

Takarda biyu ta saya. Ɗaya ta tafi a shuka, wannan ta sani. Ta biyun kuwa ta ajiye ne don ragowar irin da za ta cike wuraren da shuka ba ta fito ba. To yaushe ta buɗe ta? A ina ta zuba?

Ta shiga ɗaki. Tukwane biyu ne. Ɗaya cike da dawa mai tsabta. Ɗayar ita ce ta juye jiya. Ta sa kai ta shinshina. Kamar akwai wari, kamar babu. Ta matsa wa kanta ta tuna, ba abin da ya zo.

Ta bi hanyar gona tana lissafi. Wataƙila ba komai. In ta yi shiru, wataƙila a ci a tashi lafiya. In ta yi magana, gari duka zai san kan Barakatu ya fara yoyo.

Ta iske maza a gindin tsamiya, an buɗe akussa. Shitu ya wanke hannu, ya yanko loma.

Ta ce, "Ajiye."

"Lafiya, matar yaya? Ko tuwon ma sai an yi ciniki?"

Wasu suka yi dariya. Ita ba ta yi ba.

"Ban san abin da na niƙa muku ba."

Ta nuna musu takardar. Aka haƙa rami aka binne tuwon, maza suka watse da yunwa. Da ta koma gida, ta tarar da kajin da aka zuba wa dusar a bayan rumbu, duka bakwai, sun miƙe ƙafafu. Hajo kuwa tana durƙushe tana amai. Ashe ɗan ƙanzon tuwon ta ɓantara a gindin tukunya ta ci.

Kwana uku Hajo ta yi a asibitin mishan kafin ta tashi. Malama Salome, nas ɗin da ta kula da ita, ta zaunar da Barakatu ta ji labarin duka.

Barakatu ta ce, "Jifa aka yi mini, ko?"

"A'a, Inna. Akwai wani ɗan wuri a cikin ƙwaƙwalwa da ke ajiye sabon abu. In damuwa ta daɗe, ga rashin barci, sai ya raunana. In aka sauƙaƙa masa, sau da yawa yana farfaɗowa. In kika ci gaba a haka kuwa, ba kullum ne za ki ga takarda a lalita ba."

Bayan mako guda ta aika aka kira Shitu. Ya zauna a bakin ƙofa, bai yi zolaya ba.

Ta ce, "Zancen gonar nan. Dami biyu a cikin goma."

"Yaya Barakatu, ban ƙara ba, ba kuma zan rage ba."

Sai ta kwance mabuɗin ɗakin hatsi daga bakin zanenta, ta miƙa wa Hajo.

Ta ce, "Uku a cikin goma. Na sallama."

Darasi: Damuwar da aka ƙi raba ta da kowa ba a zuciya kaɗai take tsayawa ba, tana cin ƙwaƙwalwa, kuma ba mai ita kaɗai take cutarwa ba. In ka ga na jiya ya fara kuɓuce maka, rage kaya, nemi barci, je asibiti, ka kuma bari a taimake ka. Ku tura wa wanda kuka san ya ɗauki gida duka a kansa.