Mai Kashe Layi a Kan Bishiyar Kwakwa

An yi wani mutum a ƙasar nan tamu, ya 'yan uwa. Ba zan faɗi sunansa ba, don yana raye, wasunku ma daga hannunsa suka sha kava, abin shan nan namu na taro, a makon jiya. Ke Seini, kifa wayar nan a cinya tukuna, ina ganinki. Labarin wayar ma zan ba ku.

Mutumin nan ɗan tsibirinmu ne, amma tun yana saurayi ya tafi babban birni, ya yi karatu, ya shiga aikin gwamnati. Da soja suka karɓi mulki, sai Shugaba ya ɗora shi a kan ofishin sadarwa. Kun san intanet ɗin ƙasar nan kakaf ta igiya ɗaya take shigowa, wadda ta biyo ƙarƙashin teku, kuma bakin igiyar a ofishinsa yake. In ya ga dama ya buɗe, in ya ga dama ya rufe, kamar mai famfo da rani.

Kai, mutumin nan ya ji daɗin aikinsa! In masunta suka koka a waya cewa manyan jiragen baƙi sun kwashe kifi, sai ya rufe shafin. In malamar makaranta ta ɗauki hoton rufin aji yana yoyo, kafin azahar layinta ya mutu. Sannan ya shiga rediyo da muryar nan tasa mai maiƙo ya ce, "Kun ji wani yana ƙorafi? Babu. Ai al'adarmu ce, wanda ya yi shiru ya yarda." Ku ji fa! Ka toshe wa mutum baki da hannunka, ka dawo ka ce ya yarda.

Yana da mota, yana da gida mai bene, yana da tumbi. Abu ɗaya ya rage masa a duniya, shi ne sarautar gidansu. Baffansa mai riƙe da ita ya rasu, aka sa ranar da dangi za su zauna su naɗa wani. Kun san abin da ke cikinta: ƙasar dangi tun daga bakin teku har kan tudu, wurin zama a gindin ginshiƙin tsakiyar zauren taro, ƙoƙon kava na farko, da ikon magana a zaure. Wanda ba shi da sarauta, ko minista ne, bakin ƙofa yake zama, kuma ba a jin bakinsa.

Yana da abokin nema, ɗan baffansa Sitaleki, wanda bai taɓa barin tsibiri ba. Shi ke haƙa kabari, shi ke hawa rufi bayan guguwa, don haka mutanen gida shi suke so. Amma mutumin namu ko a jikinsa. Ai mafi yawan danginsu suna Auckland da Sydney, shi ya taimaka musu suka fita, kuma sun yi masa alkawarin goyon baya. Tun da rabinmu ya watse ƙetare, dattawa suka yarda a ajiye wa kowane gida waya a kan tabarma, a kira sunan gidan, a zuba masa kava kamar yana nan, ya yi maganarsa ta bidiyo. Mai kiran sunayen kuwa, mai rufe magana, ita ce yayar mahaifinsa, Gwaggo Melenaite, don a wurinmu babu mai tsallake maganar yayar uba.

Ana cikin haka sai alade ya shigo labarin. Na ga kun fara murmushi, kun tuna. Shugaba ya je buɗe sabuwar tashar jirgin ruwa, aka kawo masa kyautar ƙaton alade da rai. Aladen ya tsinke igiya, ya duba hagu ya duba dama, bai ga hanya ba sai tsakanin ƙafafun Shugaba. Ya ɗauke shi a baya, lambobin yabo suna kacau-kacau, ya kai shi ƙarshen katakon tashar ya juye shi a ruwa. Kada ku yi dariya a ɗakin ibada. To, ku yi kaɗan, ni ma na yi.

Kafin rigar Shugaba ta bushe, bidiyon ya shiga kowace waya. Mutumin namu ya ruga fada ya ce, "Ranka ya daɗe, bar ni da su. Zan kashe musu layi duka, birni da tsibirai, har su manta yadda alade yake." Ba wanda ya sa shi. Shi ya kai kansa, don a ce ya fi kowa biyayya.

Ya rufe igiyar, ya sa aka kashe dogayen ƙarafunan sabis na duk tsibiran waje. Ya bar layi ɗaya tak, na manya, wanda Shugaba da ministoci da shi kansa suke amfani da shi. Da zai hau jirgin ruwa zuwa taron dangi, ya ɗaga wa mataimakinsa yatsa ya ce, "Ko uwarka ce ta zo tana kuka, kada ka buɗe sai ka ji daga bakina." Ya shafa aljihu, ya ji wayar manya tana nan, ya ce ai da ita zai kira mutanensa ɗaya bayan ɗaya.

Ya 'yan uwa, ya tuna da mai kamun kifi da ke jiran labarin iska kafin ya fita? Ya tuna da tsohuwar da ke jiran muryar ɗanta? Ina! Girman kai bai bar masa wurin tunani ba. Ko abin da ɗan firamare ya sani bai tuna ba, cewa layin manya ma sai da ƙarfen sabis, kuma wanda ke kan tudunmu shi da kansa ya sa aka kashe shi.

Ina wurin ranar, ni na buɗe taron da addu'a. Ya shigo ɗaure da tabarmar ƙugu, adonmu na taro, sabuwa fil, yana ƙamshin turare, ya ajiye wayar manya a tsakiya kamar ya ajiye jariri. Gidajen da ke nan suka yi magana, suka ce Sitaleki. Sai Gwaggo Melenaite ta kira gidan farko na Auckland. Aka zuba kava, ya danna waya. Shiru. Ya sake dannawa, ya girgiza ta, ya hura mata iska. Gumi ya fara bin wuyansa.

Ya ce, "Gwaggo, a ba ni minti kaɗan."

Ta ce, "Ɗauki, ɗan nan. Mu ai mun saba jira."

Ya fita yana ɗaga waya sama, ya zaga zaure, ya hau kan tankin ruwa. Daga nan sai muka ga babban mutum, mai ofishi da direba, ya rungumi bishiyar kwakwa yana jan tumbi. Ya kai rabi ya maƙale, tabarmar ƙugu ta zame ta faɗo. Wani tsoho ya leƙo ya ce, "Ranka ya daɗe, tunda ka hau, tsinko mana biyu!" Wata ta ce, "Ku kira masa ofishin sadarwa mana!" Zaure ya kece da dariya. Kuma gaskiyarta, ofishin kaɗai zai cece shi, amma da me zai kira? Jirgi ya riga ya juya, mataimaki kuma yana can yana jiran ya ji daga bakinsa. Sitaleki ne ya hau ya sauko da shi.

Da ya dawo ya zauna, ƙirji duk a ƙuje, ya ce a ɗaga taron, don mutanensa suna da magana, hana su aka yi. Gwaggo Melenaite ta dube shi, dariyar ta bar fuskarta. Ta ce, "'Yata Kalolaine tana kan gwiwa a asibitin Auckland ranar da ka kashe mana layi. Muna magana, ta ce Inna ki yi mini addu'a, sai waya ta mutu. Har yanzu ban sani ba ko ta sauka, ko tana raye. Ni wa ya ɗaga mini?" Ya sunkuyar da kai. Ta ci gaba da kiran gidajen ƙetare da sunansu, kowanne a zuba masa kava, kowanne shiru. Da ta gama ta ce, "Kullum ina jin ka a rediyo, ɗan ƙanina, kuma ba ka yi ƙarya ba. Al'adarmu ce, wanda ya yi shiru ya yarda." Aka kai wa Sitaleki ƙoƙon farko.

Bai gama haɗiye wannan ba sai ga ta biyu. Yana zaune jiran jirgi, birni ya rikice, don kasuwa ta tsaya, asibiti ya tsaya, mata suka cika ƙofar fada da tukwane. Shugaba ya shiga rediyo ya ce shi bai taɓa ba da umarnin rufewa ba, wani maciyin amana ne ya yi gaban kansa. A rediyon gwaggonsa ya ji korarsa. Ya so ya faɗi nasa ɓangaren, amma a wane shafi? Duk ya rufe su tun tuni, wanda ya gaje shi kuma ya iya aikin, ai shi ya koya masa.

Ya 'yan uwa, Allah ne ya yi wa mutum baki, ya yi masa kunne, bai ba wani makullinsu ba. Wanda ya rufe bakin jama'a don kada su zarge shi, ya rufe har da bakin da zai cece shi ran da ya shiga uku. Kuma kada ku ce wannan na masu ofishi ne. Kai maigida da ba a isa a yi tari a gidanka ba, kana cewa iyalinka sun yarda, da kai nake.

Da layi ya dawo, Kalolaine ta kira, ta sauka lafiya, 'ya mace mai kumatu. A zaure aka nuna ta. Gwaggo Melenaite ta karɓi wayar, sai ta waiga bakin ƙofa, inda marasa sarauta suke zama, ta ce, "Kai, zo ka riƙe mini." Ya rarrafo a kan gwiwa ya ɗaga mata wayar. Dangin Auckland suka cika fuskar wayar, kowa yana magana, har da waɗanda suka yi masa alkawari. Sitaleki ya yi magana, tsofaffi suka yi. Hannunsa ya gaji, hawaye yana bin hancinsa, bai ce uffan ba, don ba shi da izinin magana a zauren kakanninsa.

Allah ya kiyaye mu da toshe bakin bayinsa, ya kiyaye mu da ranar da za a kira masu cetonmu a ji shiru. Ku ce amin da ƙarfi, tunda an bar muku bakin.