Rigar da Ba a Wankewa

Mo Qiuyan 'yar wasa ce da ta yi suna a birnin Chengdu, kuma aibinta ɗaya ne: ba ta iya ce wa mai yabonta a'a. Tun tana ƙarama ta koyi wasan gargajiya na waƙa da rawa a hannun wata tsohuwa, Malama Gong. Da ta shiga fim, 'yan jarida suka laƙaba mata "mai riƙon gadon kakanni", ita kuwa sunan ya hau mata kai.

Wata rana ta je gidan malamarta, ta durƙusa ta miƙa mata shayi da hannu biyu.

"Malama, aron jar rigar nan nake so. Fim za mu yi a kan wasanmu, duniya ta gani."

Rigar ta siliki ce mai aikin zaren zinariya, kuma wadda ta koyar da Malama Gong ce ta ɗinka ta da hannunta. Irin waɗannan riguna ba a wanke su. Sai dai a fesa musu giya a shanya a inuwa, don ruwa na taɓa su sun lalace.

"Ke da kike manta takalminki a bayan dandali?" in ji tsohuwar tana dariya. "Ɗauki, 'yata. Amma ko hawayenki kada ya ɗiga a kanta."

"Haba Malama, ni ce fa!"

A wurin ɗaukar fim, darakta Pang ya ce yana son fitowa ta ƙarshe ta kasance cikin ruwan sama. Qiuyan ta ce a kawo wata riga da tela ya ɗinka yana kwaikwayon ta asalin.

"Wannan labulen otal ɗin?" in ji Pang. "Yaya Mo, ki duba mana. Rigar asali, ruwa na zuba, kina waƙa! Duk ƙasar nan ba mai iya wannan sai ke."

Ta san abin da zai faru sarai, amma ta ce to. Aka saki ruwa. Kafin ta ƙare waƙar jan rini ya zuba cikin fararen hannayen rigar, silikin ya tattare, zaren ya dushe.

Fim ya karɓu, aka ba ta lambar yabo. Ita kuwa ta tura rigar ƙasan akwati, ta daina ɗaga wayar malamarta. Duk wanda ya kira ta mai riƙon gado, sai ta ji kunya kamar ta nutse.

Da bikin sabuwar shekara ya matso, lokacin da ake buɗe wasan garinsu da wannan riga, ɓuya ta ƙare. Ta kai wa malamarta rigar, ta durƙusa, ta kasa ɗaga kai. Tsohuwar ta daɗe tana shafa aikin zaren.

"Na ga fim ɗin a gidan maƙwabta," ta ce a hankali. "Kowa yana tafi, ni ina kallon ruwa yana cinye aikin hannun malamata."

"Malama, ki zage ni. Ki dake ni ma."

Tsohuwar ta ninke rigar, ta ɗora mata a hannu.

"In zage ki a kan me? Da ma ke zan bar wa ita. Ga gadonki nan."

Darasi: abin da magabata suka bari amana ce, ba kayan neman suna ba. Wanda ya bari daɗin baki ya sa shi yin abin da ya san ɓarna ne, tafin zai wuce, ɓarnar kuwa a hannunsa za ta zauna.