Dafin da Barmo Ya Ɓoye

Tun zamanin da giwa ke da hanya a dajin nan mutum ba shi da ita, aka yi wani maharbi mai suna Barmo. Kakana ne na tara, kuma duk wanda ya dubi tsayina da kyan hancina ya san ban ari wannan dangantaka ba. Mutanen Tungar Tunau suna da yadda suke ba da labarinsa, da gishiri da barkono, musamman in suka hango ni a kasuwa. Gara ni in faɗa da bakina, ko ba komai in rage musu abin yi.

Ana yi masa kirari da Barmo na Gwamma, baƙin kwari, mai kibiya ɗaya, ta biyu ta ado ce. Gwamma mahaifiyarsa ce. Tana da wani ɗa, autanta Tunau, shi ma maharbi, mutum mai ƙarancin magana da yawan aiki.

Wata damina Barmo ya harbi ɓauna, ba ta faɗi ba, ya bi sawunta har kan Dutsen Maiƙeya, wanda a lokacin ba wanda ya taɓa hawansa. An ce kwana bakwai ya yi a can ƙoli, ya rasa ɓaunar, amma ya ga abin da ya fi ta. Kullum iskar damina takan taso daga kudu ɗauke da laima. In ta iso dutsen ba ta da hanya sai hawa. Tana hawa tana sanyi, gajimare na haɗuwa yana nauyi, har ya kasa riƙe kayansa ya juye su a kafaɗar dutsen ta kudu. Abin da ke tsallakawa arewa sai iska busasshiya mai ɗumi, da ɗan yayyafin da bai isa jiƙa bayan akuya ba. Ya dubi kudu ya ga gora da maɗaci da ɗorawa, duwatsu sun yi kore da gansakuka. Ya dubi arewa ya ga aduwa da farar ƙaya jefi-jefi. Ya gane dutsen nan fuska gare shi da ƙeya, kuma fuskar kaɗai yake wankewa. Ya sauko gida bai faɗa wa kowa ba, domin maharbi ba ya son a san ya rasa nama.

Bayan shekara biyu garinsu ya yi musu kaɗan, 'yan'uwan nan suka tashi da iyalansu da mabiyansu, gida ashirin da ɗaya, suna neman wurin zama. Tsakiyar rani suka iso gindin dutsen. A rani kuwa ido maƙaryaci ne. Kudu duk gangare ne da tsakuwa da kurmi mai wuyar sara. Arewa fili ne shimfiɗaɗɗe, iya ganinka, ƙasa mai laushi, kamar an share ta ana jiran garma. Mutanen sun yi wa gefe ɗaya yawa, sai aka ce a raba.

Maharban wancan zamani suna da ƙa'ida. In biyu suka kashe nama, babba ne ke feɗewa ya raba, ƙarami ya zaɓa. Amma kafin ya zaɓa sai ya tambayi inda dafi ya shiga, kuma dole mai rabo ya nuna masa ramin kibiya, don a yanke wurin a yar kada ya kashe mai ci. Ba a taɓa jin maharbin da ya yi ƙarya a wannan tambaya ba, ko da maƙiyinsa yake rabo. Da wannan ƙa'ida suka raba dutsen. Barmo ya ja layi da bakansa a kan ƙasa, ya ce doron dutse ne iyaka, ga kudu ga arewa. Tunau ya durƙusa kamar yadda ake yi a gaban nama.

"Yaya, ina dafi ya shiga?"

"Babu dafi," in ji Barmo.

Na sha neman wa kakana uzuri a nan. Na ce wataƙila ƙishirwa ce ta juya masa harshe. Na ce gida goma sha ɗaya ke bayansa, yana tsoron ya faɗi gaskiya a bar shi da ƙeya. Duk na gwada, ba wanda ya tsaya da ƙafarsa. Tunau ya zaɓi fili. Sannan abin da Barmo bai lissafa ba ya auku. Gwamma ta ce gwiwoyinta ba za su iya gangaren kudu ba, za ta bi autanta. An ce Barmo ya buɗe baki, ya dubi mutanensa, ya rufe. Shi ya ɗaura mata kayanta a kan jaki da hannunsa. Da za ta hau ta dube shi ta ce tun yana goye, in ya ɓoye abu a baki ba ya iya kallon idonta, yau ma ga shi yana kallon jaki. 

Damina ta faɗi. A kudu, inda ake kira Kwarin Barmo har yau, dawa ta fi mutum tsawo, ƙoramu suka tashi daga kowace tsaga. A arewa, inda Tungar Tunau take a yau, mutanen Tunau sun shuka dawar da suka zo da ita, mai son ruwa, sau uku suna shuka tana ƙonewa. Suna tsaye a gonakinsu suna kallon hadari ya haɗu baƙi ƙirin a kan dutse, suna jin tsawa, har ƙanshin ruwa iska ke kawo musu, sannan gari ya washe. Shekara ta biyu haka. Tunau ya fara haƙa rijiya, ya haƙa ɗaya ya tarar da fa, shimfiɗaɗɗen dutse, ya koma gaba.

Barmo yakan aika da hatsi a kan jakuna, ana yabonsa da zumunci. Tunau yakan mayar da jakunan da zuma da gaisuwa, bai taɓa haɗawa da ƙorafi ba. Wannan ya fi komai cin Barmo. Tsofaffi sun ce tun daga daminar farko ruwan sama ya daina yi masa daɗi. Kowa ya sha ya ji garɗi, shi in ya kurɓa sai ya ji ɗaci irin na dafin kibiya. Ya riƙa hawa doron dutse da hantsi yana ƙirga hayaƙin gidajen arewa. Da farko goma ne. Suka koma bakwai, suka koma huɗu, domin mutane na tashi. Sau da dama ya fara gangarawa, ya kai rabin hanya, ya tuna da kirarinsa, ya juyo.

A rani na uku aka aiko masa Gwamma ta rasu. Ba yunwa ce ta kashe ta ba. Ruwan wani tsohon tafki da suka koma sha ne ya lalata mata ciki, ita da 'ya'yan Tunau biyu. Barmo ya tsallaka dutsen ba kwari ba baka. Ya tarar an riga an binne ta a gindin wata aduwa, ƙaninsa kuwa yana can ƙasan rijiya ta bakwai yana sara. Barmo ya kwanta a bakin ramin ya faɗi komai, da ɓaunar, da kwana bakwai, da gajimaren da ya gani. Ya daɗe yana magana. Da ya gama, sara ya tsaya.

"Na sani, Yaya," in ji Tunau daga ƙasa. "Daminar farko na hau na ga abin da ka gani. Har tokar murhunka na samu a kogo."

Barmo ya tambaye shi me ya hana shi magana.

"Ni na yi tambaya. Amsa nake jira." Sannan ya ƙara da cewa, "Ka taɓa ganin maharbin da ya yar da nama don akwai dafi? Yanke wurin ake yi a ci saura. Da ka faɗa, da filin nan zan ɗauka duk da haka, saboda Inna. Amma da gero mai saurin nuna zan shuka, da awaki zan tara, da rijiya na fara haƙawa kafin in kafa bukka. Shekara guda ka hana ni, ita ce ba ta dawo ba."

Ba a ce Tunau ya yafe ba, kuma ba a ce ya ƙi ba. Abin da aka ce shi ne Barmo ya tuna wani abu da ya gani a kwanakinsa na ƙoli. Akwai wata tsaga inda ruwan kudu ke taruwa ya nutse cikin dutse, ba ya fitowa ta kudu. Ya hau ya nemo ta, ya bi layinta zuwa arewa, daga baure zuwa baure, domin baure ba ya tsayawa inda saiwarsa ba ta taɓa laima. Inda baure na ƙarshe ya tsaya, nan ya kafa dagi. Ya hana kowa shiga ramin sai shi, Tunau na sama yana jan ƙasa. Gaba goma sha huɗu suka haƙa. Ranar da ruwa ya ɓuɓɓugo Barmo ya ɗiba da tafin hannu ya kurɓa, aka tambaye shi, ya ce ɗacin ya ragu. Bai ce ya tafi ba, kuma har ya mutu bai ce ba.

Ita ce Rijiyar Takwas, wadda Tungar Tunau ke sha har gobe, kuma ba ta taɓa ƙafewa ba. Kafin Barmo ya rasu ya ɗora wa zuriyarsa wani kaya. Duk shekara, ruwan farko da ya sauka a Kwarin Barmo, sai a tare shi a tulu, namiji ɗaya daga kowane gida ya ɗauka a ka ya tsallaka dutsen da ƙafa. Ba a gaisuwa, ba a magana, har a isa gindin aduwar Gwamma. A nan tsohuwar da ta fi kowa shekaru a Tunga za ta ɗanɗana, ta yi tambayar Tunau, a ba ta amsa, sannan a juye ruwan a rijiya.

Sau ashirin da shida ina ɗaukar tulun nan, ni da ban ga ɓauna ba, ban raba dutse ba, mutumin da wuyansa ya dace da rawani. Shekara ɗaya tak na ce bari in yi dabara. Na hau da tulu wayam, na sauka da sauƙi, na zagaya ta bayan gari na cika shi a Rijiyar Takwas, na shiga layi ina nishi fiye da kowa. Tsohuwar lokacin, Iya Tarana, ta kurɓi nawa, ta juya shi a baki, ta dube ni. Na sami kaina ina kallon wani jaki da ke ɗaure a can gefe.

"Ɗan nan," ta ce, "ruwanmu ka kawo mana."

Ba ta tona ni ga jama'a ba. Ta dai matso, ta yi tambayar a hankali, kamar ni kaɗai aka aiko.

"Ina dafi ya shiga?"

Amsar da Barmo ya bar mana gajeriya ce, kowane yaro a Kwari ya haddace ta, na kuma faɗe ta sau da yawa ina tunanin abincin da za a ba mu. Ranar ce kaɗai ta yi mini nauyi.

"A bakinmu, Iya."

Na juye musu ruwansu, na koma gida, na jira ruwa na biyu, na cika tulu, na sake hawa ni kaɗai.